Baba zai zo Jamus, ina so in kai shi Lubek: in ɗauki ɗan jagora namu mu kaɗai ko mu zaga da kanmu?

Sagiru_HH:
Assalamu alaikum jama'a. Shawara nake nema. Mahaifina zai zo wajena Hamburg a watan Yuni in Allah ya yarda, bikin kammala karatuna ne zai kawo shi, kwana goma zai yi. Baba ɗan kasuwa ne, ya fi shekara arba'in a Kwari yana harkar yadi. Ba mutum ne mai kallon gini don kallo kawai ba, duk garin da ka kai shi abin da zai fara tambaya shi ne da me mutanen nan suke ci. Shi ya sa na yi tunanin Lubek, tunda fatake ne suka gina ta, kuma minti 45 ne a jirgin ƙasa daga nan. Na tuntuɓi wani ɗan jagora, ya ce Yuro 140 na awa biyu, mu kaɗai. Ni dai kuɗin ya yi mini nauyi. Baba ba ya jin Jamusanci, Turancinsa na kasuwa ne, ni zan riƙa yi masa tafinta. Sannan gwiwarsa ta dama tana damunsa. Waɗanda suka taɓa zuwa, ya kuka gani?

Abba_Kiel:
Wa alaikumus salam. Ka riƙe kuɗinka ɗan'uwa. Tsohon garin tsibiri ne ɗan ƙarami, ruwa ya kewaye shi, ko kana so ka ɓata ba za ka iya ba. Kana fitowa daga tasha, tafiyar da ba ta kai minti goma ba ga ƙofar Holstentor a gabanka. Sauran duk suna cikin wayarka. Sau huɗu ina zuwa, ban taɓa biyan kowa ba. Yuro 140 ka sai wa Baba tsarabar da zai kai wa iyayenka mata.

Maman_Ilham:
Abba, sau huɗun nan ka shiga lungunan da ke bayan gidaje? Don ni zuwana na farko da waya na yi, na dawo ina cewa na ga Lubek. Sai da muka koma da 'yan wajen aikinmu aka ɗaukar mana jagora, matar ta tsaya a bakin wata 'yar ƙofa da na wuce a baya ina zaton hanyar shara ce. Muka sunkuya muka shiga, sai ga tsakar gida da ƙananan gidaje a jere, furanni ko'ina, ga keken yara a jingine. Ashe da gari ya cika, kuma ba wajen faɗaɗawa saboda ruwa, sai attajirai suka riƙa huda gidajensu na bakin titi suna gina ɗakunan haya a baya don 'yan dako da ma'aikatan jirgi. Ta ce a da sun kai 180, yanzu kusan 90 suka rage. Ana cewa sharaɗin ƙofar kawai shi ne akwatin gawa ya iya fita ta ciki. Da ɗan gari akan ci gari, Sagiru.

Abba_Kiel:
Na shiga biyu ko uku Hajiya, taswirar ofishin baƙi ma ta nuna su. Amma na yarda ban san dalilin gina su ba sai yanzu da kika faɗa.

DanFagge77:
Ni tambayata, ba wannan garin ne aka rushe ƙurmus a yaƙin duniya na biyu ba? In haka ne ai duk sabon gini za ku kalla, ana ce muku tsoho ne.

Malam_Tarihi:
A'a, DanFagge, ina jin da Hamburg ko Dresden kake haɗawa. Jiragen Ingila sun yi wa Lubek ruwan bama-bamai a daren 28 ga Maris 1942, kuma kusan kashi ɗaya cikin biyar na tsohon garin ne ya ƙone. Ɓarna ce babba, amma mafi yawan garin ya tsira, shi ya sa UNESCO ta saka shi cikin wuraren tarihi na duniya a 1987. In ka shiga cocin Marienkirche za ka tarar da ƙararrawa biyu da suka faɗo daga hasumiya a daren, suna nan a farfashe a inda suka nutse cikin daɓe, da gangan aka bar su.

Sagiru, bari in ba ka abin da za ka fara gaya wa Baba tun kuna cikin jirgi, ko ka ɗauki jagora ko ba ka ɗauka ba. An kafa garin a 1143, gobara ta cinye shi, aka sake kafa shi a 1159. A 1226 Sarkin sarakuna Frederick na biyu ya ba shi takardar 'yanci, wato babu wani hakimi a kansa, majalisar 'yan kasuwa ce ke mulki. Wannan 'yancin bai ƙare ba sai 1937. Arzikinsa kuwa gishiri da kifi ne. A da ana dafa gishiri a Luneburg, kusan kilomita 100 kudu, a kawo Lubek, a loda a jirgi zuwa gaɓar Skane, wadda yau take kudancin Suwidin, inda ake kama kifin herin ba adadi. A cusa kifin a ganga da gishiri, a dawo da shi, a sayar wa Turai gaba ɗaya, domin a zamanin Kiristoci suna da ranakun azumi masu yawa da ba a cin nama. Da farko da amalanke ake jigilar gishirin, a 1398 suka gama haƙa hanyar ruwa ta Stecknitz, kwale-kwale suka karɓi aikin. Dogayen gidajen jan bulon nan da ke gefen Holstentor a bakin kogin Trave, sito ne na gishiri.

Issoufou_Damagaram:
Malam, kana magana ina ganin kakana a idona. Wannan ai labarin gishirin Bilma ne. Abzinawa su tashi da ayarin raƙuma su ratsa hamadar Tenere, su kai gero su karɓo kantu da dabino, su sauko da shi Damagaram har Kano. Ba a Damagaram ake samun wannan gishirin ba, amma gishirin ya ciyar da gidaje da yawa saboda ta nan yake bi. Haka na fahimci Lubek: ba ita ke da gishirin ba, ba ita ke da kifin ba, hanya ce ta faɗo a ƙofarta. Sagiru, in ka faɗa wa Alhaji haka, wallahi ya gama gane garin kafin ku sauka.

Sagiru_HH:
Na gode ƙwarai Malam, na gode Issoufou. Na kwafe bayanan nan na ajiye. To amma ga shi kun ba ni rabin abin kyauta, har yanzu akwai buƙatar in biya?

Binta_Bremen:
Akwai, kuma dalilina ba tarihi ba ne, gwiwar Baba ce da maganar tafinta. Na taɓa shiga zagayen rukuni da surukata, mu wajen ashirin. Jagoran ya yi magana, kafin in juya in fassara mata jumla biyu sun yi gaba, muna binsu a baya tana ɗingishi. Rabin zagayen ta ce in ƙyale ta kawai ta zauna. Ba laifin mutumin ba ne, yana da mutum ashirin da agogo. In naku ne ku kaɗai, shi zai jira ka gama fassara, Baba ya yi tambaya, ku zauna inda kuka ga benci. Kuma ka sani titunan daɓen duwatsu ne, sannan daga bakin ruwa zuwa tsakiyar gari hawa ne. Ka gaya wa jagoran tun kafin ranar, ya tsara hanya mai sauƙi. Awa biyu da tafinta kamar awa ɗaya ce, wannan ma ka sa a lissafi.

Kumasi_Zongo_Boy:
Ni abin da ya ɗauki hankalina a gidan tarihin Hansa, wato ƙawancen fataken da Lubek ta jagoranta a da, gidan da aka buɗe a 2015, shi ne abin da suke kira kontor. Masauki ne na fatakensu a ƙasar wasu, manya guda huɗu: Landan, Bruj a Beljiyam, Bergen a Norway, da Novgorod a Rasha. Suna da shugabansu, da dokarsu, da ma'auninsu, da wajen ibadarsu. Ina karantawa na ce wannan ai zango ne! Haka kakanninmu suka zauna a Salaga saboda goro, daga baya Kumasi, da sarkin zango, da maigida mai saukar da baƙo ya adana masa kaya ya nemo masa mai saye ya tsaya masa a kan bashi. Na faɗa wa wani Bajamushe abokin aikina, ya yi mamaki, bai taɓa jin labarin ba.

Malam_Tarihi:
Kamar tana nan, amma kada mu ja ta fiye da inda ta tsaya. Zango yana zaune ne a ƙarƙashin inuwar sarkin ƙasa, ƙarfinsa amana ce da addini da harshe ɗaya. Hansa kuwa in sarki ya taɓa su, takunkumi suke sa masa, in bai ji ba su haɗa jiragen yaƙi. Sun yaƙi Sarki Valdemar na huɗu na Denmak suka ci shi, a yarjejeniyar Stralsund ta 1370 har garuruwan tsaro na gaɓar Skane ya miƙa musu na shekara 15. Ko garin da ke cikinsu in ya saɓa, korarsa suke, kowa ya daina ciniki da shi. Haka suka yi wa Kolon a 1471 saboda ta goyi bayan Ingila, sai 1476 aka mayar da ita. Sannan a Bergen ba a yarda mazauna kontor su yi aure ba, gwauraye ne zalla, don kada su saje da 'yan gari. Mu kuwa bafatake in ya sauka ya ga wuri ya karɓe shi, aure yake yi ya kafa zuri'a. Shi ya sa zangonku yana nan da jama'arsa har yau, na Bergen kuwa gidajen katakon ne suka rage ana kallo.

Kumasi_Zongo_Boy:
Wannan bambanci na auren ban lura da shi ba. Allah ya ƙara sani Malam. Amma a kan maganar maigida da bashi dai ina nan a kan bakana.

Ummi_K:
Don Allah Hansa ɗin ƙasa ce ko kamfani? Ina ta karantawa ban gane ba.

Malam_Tarihi:
Ba ko ɗaya ba, Ummi. Ƙungiyar fatake ce da ta rikiɗe ta zama ƙawancen garuruwa, sun kai wajen 200 a lokacin ƙarfinta. Ba ta da sarki, ba ta da sojan dindindin. Wakilai ne ke haɗuwa a yi shawara, galibi a Lubek. Babban taron farko a 1356, na ƙarshe a 1669. Sunan bai mutu ba. Lambar motar Hamburg HH ce, ta Bremen HB, ta Lubek HL, harafin farkon nan na Hansa ne. Sunan kamfanin jirgin sama na Lufthansa ma daga nan aka samo shi.

Nura_Stuttgart:
Ni zan faɗi nawa, don kada a ce duk wanda ya biya ya ji daɗi. Mun ɗauki wani da matata shekara biyu da suka wuce, ta intanet. Mutumin haddar karatu ya zo ya karanta mana. Shekara kaza aka gina, shekara kaza aka gyara. Ya tsaya a gaban gunkin shaiɗanin nan da ke zaune a gefen Marienkirche ya kwashe minti goma yana tatsuniyar wai an yaudare shi ya taya gini yana zaton mashaya ce. Na tambaye shi yadda fatake suke biyan juna tsakanin garuruwa masu kuɗi daban-daban, ya ce in je gidan tarihi. Daga ƙarshe ya kai mu shago ya tsaya yana jiran mu saya. Raina ya ɓaci sosai. Don haka Sagiru, ba maganar jagora ko ba jagora ba ce, wane jagora ne. Kafin ka biya ka rubuta masa tambayoyi uku irin waɗanda Baba zai yi. In ya amsa da sha'awa, ɗauke shi. In ya turo maka jadawalin da yake tura wa kowa, nemi wani.

Binta_Bremen:
Shawarar Nura ta fi tawa. Ka yi haka.

Hajiya_Rabi_Wien:
Ɗana Sagiru, ku duk kuna ta tarihi, ba wanda ya yi maganar salla da abinci. A Yuni rana tana da tsawo ƙwarai a arewacin Jamus, magariba sai kusan ƙarfe goma na dare, don haka ba ku da gaggawa, amma ka nemi masallaci a wayarka tun daga gida, akwai su a garin. Abinci ku tsaya a kan kifi, burodi da kifi a ciki ana sayarwa ko'ina. Alewar marzipan da garin ya yi suna da ita, almon ne da sukari aka kirɓa, laushinta kamar dakuwa. Gidan Niederegger tun 1806 suke yi, shagonsu yana kallon gidan majalisar gari. Sai dai ka karanta bayan kwali, wasu nau'o'in ana sa musu giya. Kuma kada ku je ranar Lahadi in kuna son sayayya, shaguna a rufe suke. Abu na ƙarshe, ka tambayi mahaifinka tun yanzu ko zai shiga coci. Wasu dattawanmu ba sa so, kada ka sa shi jin nauyi a gaban baƙo.

Sagiru_HH:
Na gode Hajiya, Allah ya saka da alheri. Na tambaye shi jiya a waya. Ya ce in ba lokacin ibadarsu ba ne, kuma gini za a nuna masa, zai shiga ya ga ƙararrawar. Ya ce yana so ya ga abin da yaƙi yake yi wa gari.

Injiniya_Bello:
To in zai shiga, ka sa ya ɗaga kai. Yankin nan ba shi da dutsen gini, laka ce kawai, sai suka gasa ta. Rufin tsakiyar Marienkirche ya kai mita 38 da rabi, babu rufin bulo da ya kai shi tsawo a duniya, hasumiyoyinta biyu kuma kusan mita 125 kowacce. Kuma ba cocin bishop ba ce, shi nasa yana can kudancin tsibirin. Wannan ta 'yan kasuwa da majalisa ce, suka gina ta dab da kasuwa don a san su waye masu gari. Saboda gwiwa, ku hau hasumiyar cocin Petrikirche, tana da lif, daga mita 50 za ku ga garin duka da ruwan da ya kewaye shi. Akwai kuma jirgin ruwa mai zaga tsibirin cikin kamar awa ɗaya, Baba yana zaune.

Holstentor kuwa ka duba ta daga gefe, za ka ga ta karkace ta nutse, don a kan fadama aka ɗora ta. An gina ta tsakanin 1464 da 1478. A 1863 saura ƙiris a rushe ta, ƙuri'a ɗaya ce ta cece ta a majalisa. Daga baya ita ce ta hau takardar Mak 50, tsohon kuɗin Jamus, kuma tana jikin kwabon Yuro 2 na 2006.

DanFagge77:
Ƙuri'a ɗaya! Wannan ya taɓa ni. 1464 fa zamanin Sarki Muhammadu Rumfa ne, wanda ya hau a 1463, shi ya kafa kasuwar Kurmi. Wato lokacin da suke ɗora wannan ƙofa mu ma muna faɗaɗa ganuwa. Yau je ka ga badala, an ɗebi ƙasarta an yi bulo, an yanka filaye a jikinta. Ina yaro muna hawa mu hango gari.

Injiniya_Bello:
Zafin da kake ji ina jin sa. Sai dai a yi adalci, gasasshen bulo da tubalin ƙasa ba ɗaya ba ne, namu duk damina sai an yi masa yaɓe, in aka bar shi shekara goma ya zube da kansa. Kuma su ma Lubek sun rushe mafi yawan ganuwarsu a ƙarni na 19, har da wasu ƙofofin, don jirgin ƙasa da tituna. Manyan ƙofofi biyu ne suka tsira, Holstentor da Burgtor.

DanFagge77:
Yaɓen ai shi ne aikin. Da gayya ake yi a da. Ba ƙasar ce ta gaza ba.

Abba_Kiel:
Jama'a mun bar Sagiru a tasha mun tafi Kano. Ni har yanzu ina ganin da abin da aka rubuta a nan, ya sayi tikitin gidan tarihin Hansa su biyu, ya fi. Can an gina kasuwar Bruj da masaukin Novgorod kamar gaske, Baba zai ga dilolin yadi da idonsa. Mai harkar yadi me ya fi wannan? Tunda ma Barth, Baturen da ya je Kano, ɗan Lubek ne, sai ka haɗa masa da wannan.

Malam_Tarihi:
Gyara kaɗan Abba: Heinrich Barth, wanda mutanenmu suka sani da Abdulkarim, a Hamburg aka haife shi a 1821, ya shiga Kano a 1851. Ɗan garin Hansa ne dai, amma ba Lubek ba. Wanda aka haifa a Lubek shi ne Willy Brandt, tsohon shugaban gwamnatin Jamus ta Yamma, a 1913. Maganar gidan tarihi kuwa na goyi bayanka, sai dai akwai karatu da yawa da tsayuwa, shi kaɗai zai ci awa biyu zuwa uku. In za a haɗa da zagaye, a yi zagayen da safe, a ci abinci a huta, sannan a shiga.

Zainab_Altona:
Akwai abin da ba na jin wani jagora zai kai ku sai kun roƙa. A titin Hafenstrasse, ba nisa da Burgtor, a daren 18 ga Janairu 1996 aka cinna wa gidan masu neman mafaka wuta. Mutum goma suka mutu, yawancinsu yara da matasa, akasarinsu 'yan Afirka. Har yau ba a hukunta kowa ba. Akwai dutsen tunawa a wajen. Ni duk zuwan da na yi sai na tsaya na yi addu'a. Ba ina cewa a ɓata wa Baba yini ba ne, garin yana da kyau kuma ban taɓa ganin wulaƙanci a can ba. Amma shi ma tarihin tashar jirgin ne, kuma namu ne.

Maman_Ilham:
Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu. Ban sani ba wallahi, kuma na wuce ta wajen.

Sagiru, in ƙara ɗaya a jerin. Ka ce a kai ku Heiligen-Geist, asibitin da attajiran garin suka gina aka gama a 1286. Daga baya ya zama gidan tsofaffi, akwai ƙananan ɗakunan katako a jere cikin wani dogon zaure, gado ɗaya da ɗan teburi, mutane sun zauna a ciki har 1970. Akwai kuma Füchtingshof, tsakar gidan da wani attajiri ya bar wasiyya aka gina wa matan fatake da na matuƙan jirgi da mazansu suka mutu. Wakafi ne sak. Kuma a lungunan nan a sassauta murya, gidajen mutane ne, kada a leƙa taga.

Sagiru_HH:
Assalamu alaikum, na dawo da rahoto kamar yadda ya kamata. Mun je ranar Talata. Na bi shawarar Yaya Nura, na rubuta wa mutum uku. Biyu suka turo jadawali. Ta ukun, wata dattijuwa ce da ta yi ritaya daga koyarwa, ta amsa da tambayar wane irin yadi Baba yake sayarwa. Ita muka ɗauka.

A gaskiya ba mu ga rabin abin da kuka lissafa ba. Holstentor, sito na gishiri, lungu biyu, Marienkirche, shi ke nan lokaci ya ƙare, saboda a bakin kogi kaɗai mun yi kusan minti arba'in a zaune. Baba ya tambaye ta, in jirgi ya nutse wa ke ɗaukar asara? Ta ce shi ya sa ba wanda ke zuba kayansa duka a jirgi ɗaya, ana rarrabawa ne, kuma jirgin kansa mutane da yawa ke da kaso a ciki. Baba ya ce haka suke yi da motocin Legas. Ya tambayi yadda ake yarda da wakili a gari mai nisa, ta ce yawanci ƙani ne ko suruki ko yaron da ka rena, kowa yana sayar da kayan ɗan'uwansa a inda yake. Sai ta ba shi labarin wani Hildebrand Veckinchusen, babban attajiri a farkon ƙarni na 15, da ya faɗaɗa harka har Benis ta Italiya, bashi ya yi masa yawa, ya ƙare a kurkukun masu bashi a Bruj, wasiƙunsa da na matarsa suna nan an adana. Baba ya yi shiru, sannan ya kira mini sunan mutum biyu da ya sani da haka ta faru da su. A gaban ƙararrawar kuma bai ce komai ba, ya daɗe a tsaye.

Gidan tarihin ba mu shiga ba, gwiwa ta ƙi. Jirgin ruwan muka hau. Yaya Zainab, na gaya masa labarin gobarar a hanyar dawowa, ya ce da na faɗa da wuri da mun je.

Abba_Kiel:
Alhamdu lillahi, Allah ya huci gajiya. Amma ka lura, Yuro 140 kuma ba ku ga asibitin ba, ba ku hau hasumiya ba, ba ku shiga gidan tarihi ba. Ni da ni ne da na ji an rage ni.

Nura_Stuttgart:
Ni kuwa minti arba'in ɗin nan na bakin kogi su na biya kuɗi ban samu ba. Sagiru, in ba damuwa turo mini yadda zan same ta ta akwatin sirri, ƙanin matata zai zo a Agusta.

Issoufou_Damagaram:
Sagiru, ka gaya wa Alhaji maganar Bilma kuwa? Me ya ce?

Sagiru_HH:
Na gaya masa a jirgi, shi kuma ya gaya wa matar da bakinsa, ina fassarawa. Ta ciro takarda ta ce in rubuta mata Bilma da kantu da madugu. Yaya Nura na tura maka. Baba yana da sauran kwana huɗu, yanzu cewa yake yana so ya ga inda ake dafa gishirin a da. Akwai wanda ya taɓa zuwa Luneburg da dattijo? Daga tasha zuwa gidan tarihin gishirin da nisa a ƙafa, ko sai mun hau bas?